Kuben da Baba ya ɗinka

Greensboro, 9 ga Maris, 1984

Yaya Turai,

Assalamu alaikum. Ina fata kuna lafiya, ke da Inna da yara. Yaya ƙarin haƙurinmu? Allah Ya jiƙan Baba, Ya sa ya huta.

Ni lafiya lau, kada Inna ta damu. Karatun ne na ɗan ajiye, ina gadi a wurin sayar da motoci a High Point Road. Tsayuwar da yawa, amma ana sabawa.

Saƙonki ya iso. Kin tuna bara na zana bindigar aikina a takarda na aiko, don Baba ya ɗinka mata kube? Ashe ɗinkinsa na ƙarshe ke nan. Ina buɗe ƙunshin ƙanshin fata ya buge ni, sai na gan ni a zaurenmu.

To amma bindigar ta ƙi shiga. Bayan na aiko zanen, kamfani ya canja mata ƙarfen saman nan da ke ja da baya in an harba, ya sa mai dogon saiti. Ban rubuto ba, na ɗauka ƙaramin abu ne. Kin san Baba, ba ya barin sarari ko na ƙwayar gero.

Abokin aikina ya ce in ɗan tsaga bakin kuben, zai yi. Na ɗauki reza, Yaya, na kasa.

Don Allah ki ajiye min basillarsa, kada a bayar. In Inna ta tambaya, ki ce aikin Baba ya yi daidai. Ba ƙarya ba ce, bindigar ce ta canja.

Ƙanenki,
Ubale