Rummanin da Na Zubar a Belleville

Zuwa ga Innata,

Bayan sallama irin ta addinin Musulunci, da fatan rahamar Allah tana lulluɓe da ke a makwancinki. Ƴarki Hadiza ce, daga Rillieux-la-Pape kusa da Lyon. Mun bar Paris shekara biyu ke nan. Alhaji yana gaishe ki, takwararki Ummi ta shiga makaranta, kuma bakinta naki ne sak.

Inna, laifi na yi miki, na daɗe ina ɓoyewa.

Kin tuna rummanin tsakar gidanmu a Damagaram, wanda ba ya shan ruwan kowa sai na alwalarki? Sau biyar a rana kina tsugune a gindinsa da buta. Idan ya nuna muka yi wawaso, ke ɓawon kike bi kina tsincewa, ki shanya bisa faifai. Kikan ce, "Ƙwaya ta baki ce, ɓawo na ciki ne." Duk wanda gudawa ta kama a unguwa wurinki ake aikowa, ki tafasa masa. Mai ciwon maƙogwaro ki ba shi ya kurkure. Ɗacinsa har yau yana harshena.

Ranar da zan biyo Alhaji Faransa kika yanko reshe ɗaya, kika naɗe shi a jiƙaƙƙen tsumma, kika cusa cikin kayana. Na ce ƙasar likitoci zan tafi, me zan yi da ƙirare? Ba ki ko kalle ni ba.

A unguwar Belleville ta Paris ɗaki ɗaya gare mu, a hawa na biyar. Na dasa shi a gwangwanin madara na ajiye bakin taga, na riƙa alwala cikin roba ina juye masa. Ya kama, ya yi ganye ƙanana masu sheƙi.

Da sanyi ya shigo sai ganyen ya yi rawaya, ya zube ƙarƙaf. A makon nan ne wasiƙar Yaya Sani ta iso da labarin rasuwarki. Na dubi sandar nan tsirara cikin gwangwani, na ce shi ke nan, ya bi mai shi. A gida ban taɓa ganin rummaninki ba ganye ba. Ban iya kallonsa ba, Inna. Na sauka da shi na ajiye gefen bola, na hau ban waiwaya ba. A raina na ce ai uwarsa tana nan a gida.

Bayan wata uku wata wasiƙar ta zo. Shekarar farin nan ce, ruwan sha ma da ƙyar, kuma babu mai alwala a gindinsa. Yaya ya ce ya bushe, sun sare. Kukan da na yi ranar ya fi na farko, don reshen da ya rage da hannuna na zubar.

A hawa na ƙasa akwai wata tsohuwa ƴar ƙasar Sin, gaisuwar kai kawai ke tsakaninmu. Wata safiya da sanyi ya ja baya ta kama hannun rigata, ta ja ni bayan ɗakinta. Ga gwangwanina, ga sandata ta fitar da jajayen tsiro. Ta kankare bayan reshen da farce ta nuna mini ɗanye. Ta haɗa tafukanta ta ɗora kumatu a kai, wato barci yake yi. Sannan ta shafa cikinta tana dariya. Ashe a ƙasarsu ma maganin ciki ne. Rashin sani ya fi dare duhu: a nan itatuwa barci suke yi da sanyi, ni kuwa na yi wa mai barci jana'iza.

Na so in yi mata godiya, Faransancina bai kai ba, nata ma bai fi nawa ba. Sai na kai mata kwanon dambu.

Yanzu yana baranda cikin babbar tukunya, ya kai ƙirjina. Bana ya yi fure ja jawur, ya ba da ƴaƴa uku, ƙanana kamar ƙwan zabo. Ummi ta cinye ƙwayar, ni na shanya ɓawon. Idan ba ta da lafiya likita nake kai ta, kada ki harare ni. Amma da maƙogwarona ya kama, naki na tafasa.

Jibi Alhaji zai tafi gida. Na yanko reshe ɗaya na naɗe a jiƙaƙƙen tsumma. Na rubuta wa Yaya ya dasa shi daidai inda kike tsugunawa, matarsa kuma ta mai da butarta can. Ajiyarki ce take komawa, ki yafe mini jinkiri.

Allah ya jiƙanki, ya sanyaya makwancinki, ya shayar da ke kamar yadda kika shayar, ya ciyar da ke daga rummanin Aljanna. Amin.

Taki har kullum,
Hadiza