Muryata a Bakin Hansatu

Litinin, 9 ga Janairu

Yau baƙi sun zo tungarmu ta masunta a ƙasar Ngaski da mota mai lasifika a kai. Mutanen Alhaji Tanimu ne, mai neman kujerar majalisar jiha. Shi bai zo ba, sai hotonsa a jikin motar yana dariya da haƙorin Makka. Babbansu sunansa Jabiru, daga Birnin Kabi aka turo shi da waya ya nuna wa duniya cewa Alhaji na masunta ne.

Ina bayan gida ina juya kifi a kan banda ina waƙa, ban san yana tsaye bakin danga ba. Waƙar da nake yi wa ƙanena Andrew ce in yana rigima: "Giwan ruwa ya shigo gulbi, warangi ku yi ta kanku." Ya ce in sake. Na ruga bayan rumbu. Sai da Inna ta ce, "Ruth, hito mana, ba cinye ki za shi yi ba."

Ya yi ta maimaita "Giwan Ruwa, Giwan Ruwa". Wai tun da suka fara yawo ba su samu kirarin da ya dace da Alhaji kamar wannan ba.

Laraba, 11 ga Janairu

Ya ɗauki muryata a cikin mota, an rufe gilasai. Na kasa rerawa yana kallona, sai da na juya masa baya. Ya canja baitin, ya ce in ce, "warangi ku zo ku tarbe shi."

Na so in yi magana. Ko Andrew ya san giwan ruwa ƙananan kifin nan warangi yake ci. Amma Jabiru ya riga ya ce muryata kamar zuma. Ba wanda ya taɓa gaya mini haka.

Asabar, 14 ga Janairu

An je bakin ruwa ɗaukar hoto. Na yi wanka sau biyu don warin hayaƙi. Hansatu ɗiyar Kawu Bitrus ta biyo ni wai za ta yi kallo.

Jabiru ya ɗaga waya, kaina ya sunkuya da kansa. Ya ce ɗago, na ɗago, ya sake sunkuyawa. Sai ya dubi Hansatu. Ita ba ta taɓa jin kunyar kowa ba, ga wushirya, ga wuya. Ya ce, "Ke, iya motsa baki kawai nake so." Aka ɗaura mata atamfa mai fuskar Alhaji, aka zaunar da ita a goshin kwalekwale, aka kunna muryata, tana ta buɗe baki tana rangaji.

Ni aka ba takalminta in riƙe kada ya jiƙe.

Lahadi, 15 ga Janairu

A coci ita ce layin gaba na mawaƙa, ni a baya, kamar kullum. Muryarta kamar ta akuyar da aka ɗaure wa ɗa. Ubangiji ka gafarta mini, a ɗakinka na yi wannan tunanin.

Alhamis, 19 ga Janairu

Hoton waƙar ya fito. Yaya Enoch ya nuna mana a wayarsa, duk gidan aka taru a kansa. A ƙasa an rubuta: HANSATU 'YAR NGASKI, MURYAR MASUNTA.

Baba ya saurara har ƙarshe. Ya ce, "Ku zo ku tarbe shi? To." Ya yi 'yar dariya ya koma ɗinkin tarunsa.

Jabiru ya kawo wa Inna shinkafa, ya ce, "Mama, wannan sirrin aiki ne. In 'yan adawa suka ji ba muryarta ba ce, za su ce ko waƙar Alhaji ƙarya ce." Inna ta ce ba mai ji daga gidanmu. Ba wanda ya tambaye ni.

Talata, 24 ga Janairu

Na ji kaina a rediyon mai shayi. Na wuce da sauri kamar na yi sata.

Litinin, 30 ga Janairu

Ranar kasuwa mun kai kifi Yelwa ni da Hansatu. Hotonta a bangon tasha, a jikin shago, har a bayan Keke. Mata suna tare ta, "Ke ce mai waƙar nan? Ɗan rera muna." Sai ta taɓa maƙogwaro ta ce an hana ta saboda kada muryar ta lalace. Wa ya koya mata wannan?

Kifinta ya ƙare kafin azahar. Nawa na dawo da rabi.

A mota ta ce, "Ruth, kin san ba ni na nema ba." Na ce na sani. Amma ai ba ta ƙi ba.

Asabar, 4 ga Fabrairu

Alhaji ya zo taro garin Wara da kansa. Gajere ne, ba kamar a hoto ba. Samari duk sun sa huluna masu zanen kifi, an rubuta GIWAN RUWA. Ya sa rigar masunta sabuwa fil a kan babbar riga, aka miƙa masa filafilin tuƙa kwalekwale ya ɗaga sama, aka yi ta ɗauka.

Aka hau da Hansatu kan dandamali. Ya dafa kanta ya ce wannan ɗiyarsa ce. Ni ina ƙasa cikin turmutsitsi, muryata tana fitowa ta manyan lasifiku har ƙirjina yana rawa. Wata mata a gefena ta ce, "Yarinyar ga Allah ya ba ta murya." Na ce amin.

Tsofaffin masunta suna can ƙarƙashin ɗorawa, in an zo wurin "ku tarbe shi" sai su dubi juna.

Laraba, 8 ga Fabrairu

Ba na zuwa gidansu. Ta aiko Andrew da alewar da aka raba a wurin taro, na ba kaji.

Lahadi, 12 ga Fabrairu

Abin ya faru. Samarin ɗaya ɓangaren sun yi nasu hoton. Sun samo ƙaton giwan ruwa a bakin ruwa, suka farke cikinsa, warangi suka zubo cike da tire. Suka ɗora waƙata a kai, "ku zo ku tarbe shi", sannan fuskar Hansatu tana rangaji. Ba su ƙara ko kalma ɗaya ba.

Enoch ya ce har Shanga an gani. Kowa dariya. Ni ma na yi, har na riƙe ciki. Ba zan ɓoye ba, na ji sanyi a raina.

Alhamis, 16 ga Fabrairu

Yanzu Warangi ake ce mata. In ta fito yara su bi ta suna buɗe baki kamar kifi.

Har sunan tsokanar ma ita aka ba. Ni da na ƙirƙiro waƙar ko zagi ban samu ba.

Litinin, 20 ga Fabrairu

Ta daina zuwa kasuwa. Jiya ba ta zo coci ba, wurinta a layin gaba babu kowa, muna rerawa ina ganin fasto sosai. Wani ya shafa wa hotonta na tasha hanjin kifi.

Inna ta tilasta mini na kai musu miya. Na same ta a ɗaki da rana tsaka, ba kitso. Ta ce, "Kin san haka za a yi, ko?"

Na ce, "Ke ma ɗiyar masunci ce."

Ta ce, "Na sani. Tun a kwalekwale na sani. Amma sun ce ina da kyau."

Na ce miyar da barkono, na fito.

Talata, 28 ga Fabrairu

Jabiru ya dawo, ya rame. An cire hulunan kifi, an kankare hoton Hansatu daga motar. Ya zauna kan turmi ya ce Alhaji ya yi fushi, saura kaɗan a kore shi.

Ya ce akwai mafita, kuma ni ce. Za a ɗauke ni a gaban banda, da hayaƙin da komai, ainihin 'yar talakawa. Fuskata, sunana a ƙasa. Sabuwar waƙa, babu kifi a ciki. Abin da zan faɗa a farko kaɗan ne: cewa muryata ce tun asali, Hansatu ta karɓa ta yaudari mutanen Alhaji, kuma 'yan adawa ne suka sa ta canja baitin.

Inna ta ce, "Ɗana, ai kai ka canja shi." Ya ce, "Mama, siyasa ce, ba wanda zai tuna bayan zaɓe." Ya ajiye atamfa, shuɗiya, ba fuskar kowa a jiki. Ya ce Juma'a zai zo.

RUTH 'YAR NGASKI. Na rubuta shi da tsinke a ƙasa in ga yadda yake. Ya yi kyau.

Laraba, 1 ga Maris

Da Inna ta tafi rijiya na ɗaura atamfar. Na tsaya gaban madubi na ƙi sunkuyar da kai. Na iya. Na rera baiti guda ina kallon idona.

Rabin maganar ai gaskiya ce. Muryata ce.

Alhamis, 2 ga Maris

Na hango Hansatu tana shanya a bayan gidansu, ta rufe fuska da ɗankwali ko da yake ba kowa a hanya.

Juma'a, 3 ga Maris

Ya zo da hantsi da wayarsa. Na fito da tsohon zanena. Na ce masa mura ta kama ni, murya ta dishe. Na faɗa ina kallonsa, ban ma lura ba sai daga baya.

Ya ce ai ga muryar nan garau. Na ce to ta waƙar ce ta dishe. Ya ce yaushe za ta dawo? Na ce sai bayan zaɓe. Enoch ya fashe da dariya ya shige ɗaki. Inna ta naɗe atamfar ta miƙa masa da hannu biyu. Na bi shuɗin da ido har ya sa a mota.

Ba don Hansatu na yi ba. Har yanzu in na tuna takalmin nan da na riƙe raina yana ɓaci, kuma har yanzu ta fi ni kyau ko ba kitso.

Gobe akwai wanki a bakin ruwa. Zan bi ta ƙofar gidansu, don hanyar can ta fi inuwa. In ta fito, to.