Sa Hannun da Wayata Ke Nema

Zuwa ga ɗiyata,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidanki da yara. Allah ya ƙara muku lafiya da zaman lafiya. Mu nan sai godiya. Gwiwata ta yi sauƙi, Auta kuma ta koma aiki.

Maganar wayar da kika aiko mini ce. Kwanaki ta dame ni da saƙo, wai tana son sabuntawa. Na ƙi taɓawa, don kin san saƙonnin muryar mahaifinki, Allah ya jiƙansa, duk suna ciki. Sai kawunki ya zo da wani fayil da abokinsa ya turo masa, wai ya fi na kamfani sauri. Ya danna nan, ya danna can, wayar ta ce sa hannun bai yi daidai ba. Ya ce ai ni ce zan sa. Na duba gaba da baya, ban ga wurin sa hannu ba.

Washegari na kai ta wurin mai gyaran waya na bakin titinmu. Ya ce ba hannuna ake nema ba. Wai kamfanin da ya ƙera ta yana buga wa kowace sabuntawa hatimi da wani mabuɗin sirri, ita kuma wayar ta san hatimin. Ko ɗigo aka canza a hanya, ba za ta karɓa ba. Na ce to mabuɗi ne ko hatimi? Ya ce duka biyun, kuma lissafi ne. Nan kaina ya ɗaure. Ya ƙara da cewa ɗaki biyu ne a cikinta, tana zuba sabon fayil a ɗaya, in ya ƙi tashi ta koma tsohon. Na tambaye shi a wane ɗakin mahaifinki yake. Ya ce ba a taɓa wurinsa.

Ya sauko da na kamfanin. Wayar ta mutu, wani layi ya fito yana tafiya a hankali, ni kuwa ina ta salati, hannu a ƙirji. Da ta tashi, komai ya sauya wuri. Na ce ya nemo mini mahaifinki. Sai ga muryarsa a cikin shago, yana tambaya ko na sha maganina. Na ce masa na sha, a gaban mutane.

Har yanzu ban san wanda ya sa hannun ba. In kin sani, ki yi mini bayani a hankali. Ki gai da maigidanki da surukarki, ki shafa mini kan takwarata. Kawunki na gaishe ki, yana nan yana cewa wayar ce ba ta da kunya.

Ni ce taki,
Mahaifiyarki