Irin Baba Yana Cikin Randata

Assalamu alaikum mai shafi, da ku masu karatu, ina gaishe ku da zafin bazara. Ki ɓoye sunana. Don Allah ku kai ƙarshe kafin ku fara zagina, duk zagin da za ku yi na riga na yi wa kaina. Da hannuna nake rubutun nan, sai da na haifi huɗu na shiga ajin yaƙi da jahilci, in kun ga kuskure ku tsallake shi.

Ni a wani ƙauye nake gefen Ollelewa. Maigidana ya tafi arewa haƙar zinariya shekara uku ke nan, da yana kira, sai kiran ya tsaya cak. Ya bar ni da yara, da awaki, da gona, da mahaifinsa da nake ce wa Baba, ga ƙanwarsa Zuwaira da aurenta ya mutu ta dawo gida. Kowa ni yake kallo. Barci ya guje ni, abinci ba ya shiga, sai na fara mantuwa. In je rijiya ba guga, in sa gishiri sau biyu, in tsaya tsakar gida ban san me ya fito da ni ba. Wa zan faɗa wa? A garin nan kina cewa kanki ya rikice, gobe an ce kin taɓu.

Baba yana da geron da ya gada wajen ubansa, mai gajeriyar zangarniya, mai saurin nuna ko ruwa ya ɗauke da wuri. Duk kaka shi yake bin gona yana laluben zangarniya ɗaya ɗaya, ya zaɓi masu cika, ya ɗaure damin iri da jan ƙyalle. Bana da idonsa ya yi rauni ni ya miƙa wa, ya ce, "Ɗiyata, ke kika yi lakkwal kika san karatu, ke ce ba kya wasa da amana." Na rataye shi cikin rumbu.

Wata biyu da suka wuce na hau rumbu, babu dami. Mu biyu kawai ke hawa, ni da Zuwaira, kuma a cikin makon na ga tana daka tana kai fura kasuwa. Ban tsaya tunani ba, ni dama bakina ba ya jira. Na tare ta gaban maƙwabta na ce, "Ke Zuwaira, irin ubanki kika dama wa mutanen kasuwa?" Ta ajiye taɓarya ta ce, "Yaya, me kike faɗi? Geron maƙwabciyarmu Inna Hajo ne, je ki tambaye ta." Na ce, "Ai bakinku ɗaya. Gidan miji bai riƙe ki ba, nan ma kin zo ki cinye mu har iri?" Wallahi na faɗi haka, kowa na ji. Ta dubi Baba, Baba ya sunkuyar da kai. Washegari ta ɗaure kayanta ta tafi Gangara wajen gwaggonta, har yau ba ta aiko ko gaisuwa ba.

Makon jiya ciwon kai ya kai ni asibiti. Majo, shugabar wurin, ta auna ni ta ce, "Hajiya, me ke cin ki?" Na ce ba komai. Ta ce, "Jininki bai ce ba komai ba." Sai na zazzage mata har da mantuwar. Ta ɗauki biro ta zana mini wani ɗan lanƙwasasshen abu, ta ce yana can cikin ƙwaƙwalwa, da faransanci sunansa ipokamp, shi ke karɓar abin da ya faru yau ya adana. Ta ce in mutum ya tsorata jiki na sakin wani sinadari don ya tsira, to in tsoron ya ƙi ƙarewa wata da watanni, sinadarin nan sai ya gajiyar da wurin. Shi ya sa nake tuna waƙoƙin yarinta amma ban san inda na ajiye ludayi ba. Ta ce ba hauka ba ne, kuma yana iya farfaɗowa in na samu barci, na rage ɗaukar komai ni kaɗai, na samu wanda zan faɗa wa damuwata. Na ce, "Madam, wa zai ɗaukar mini?" Wadda ke ɗaukar mini rabi ai ni na kore ta.

Na dawo gida ina kwashe tarkacen ɗakin ajiya don damina, sai ga tsohuwar randata an liƙe bakinta da laka. A jikinta an rubuta da gawayi: IRIN BABA. Rubutuna ne. Ni kaɗai ke juya harafin N baya a ajinmu, har malama ta gaji da gyara mini. Na fasa lakar, ga zangarniya cikin toka, ga jan ƙyalle, ko ɗaya ba ta ɓace ba. Sai abin ya riƙa dawowa gutsi gutsi: na ga gara a rumbu, mutanen gida sun tafi bikin suna, na sauke damin na ɓoye, kuma ranar ce wani ya dawo daga arewa yana cewa wata mota ta ɓace a sahara, bai san su wa ke ciki ba. Daga jin haka ranar ta goge kaf. Wane irin kai ne wannan, ya riƙe zagin da na yi kalma kalma, ya saki abin kirki ɗaya da na yi?

Kwana shida ke nan na mayar da murfin, na yi shiru. Baba ya ce ran kasuwa a sayo masa iri ko wane iri ne. In na fito da randar, gari zai san ƙazafi na yi wa baiwar Allah, su ce matar wane ta zare, Baba ba zai sake ba ni ko allura ajiya ba. Har na yi tunanin in mayar da damin rumbu in ce tsintarsa na yi, amma sai a ce Zuwaira ce ta ji kunya ta aiko da shi. In kuwa na ci gaba da shiru, irin kakansu ya ƙare a hannuna, ita kuma ta zauna da sunan ɓarauniya.

Kada ku ce mini in yi haƙuri, haƙurin ne ya cinye mini kai. Baba zan fara durƙusa wa, ko motar Gangara zan shiga? Kuma da wane baki? Kasuwa jibi ce, hadari ya fara haɗuwa a gabas, Baba ya sa an wasa masa sungumi. Me zan yi?