Ruwa Ya Ci Littafin Surame

Yaya Bello,

Assalamu alaikum. Ina gajiya, ina iyali? Ya jikin Anti Hadiza? Mu nan Argungu sai godiya.

Yaya, ambaliya ta shiga ɗakina, ta cinye littafin da nake rubutawa kan sarkin tsohon birnin Surame, wanda Kaka ta ba ni labarinsa. Na ruga gunta mu sake daga farko. Ta ce, "Sarkin nan mutum na, ɗiyata, ba aljani ba." Sai ta tsaya tana dubana, sauran ya ɓace mata.

Don Allah ka nemo kaset ɗin da ka ɗauki muryarta tana ba da labarin. Ko ya lalace, aiko shi. Ba mu da wani.

A sa mu a addu'a. Gai da yara.

Ƙanwarka,
Nana