Ta'aziyya a Bakin Kogi

Amsterdam, Maris 1981

Yaya Gwadabe,

Bayan gaisuwa mai yawa, ya jikin Inna? Ya mutanen majemarmu ta Challawa? Ni lafiya lau, koyon injin jimar fata yana tafiya. Tarin ma da sauƙi, kada Inna ta ji. A aiko mini da yaji.

Ranar Lahadi aka zaga da mu gari a jirgin ruwa. Yaya, dogayen gidaje ne jere a bakin kogi, sai na saki baki! Da muka sauka, wata tsohuwa ta kai mu unguwar Yahudawa a ƙafa. Ta nuna mana layin da ta girma, ta ce lokacin yaƙin duniya sojojin Jamus suka kwashe kowa, har jarirai, ba su dawo ba.

Ka san halina. Na tambaya, to wa ya zauna karɓar gaisuwa? Ta ce a layin ita kaɗai ta saura, kuma ba wanda ya zo.

Sai na durƙusa a titi na ce, "Iya, ya haƙuri?" Da tafintanmu ya faɗa mata, ta riƙe hannuna.

Don Allah ka bi layinmu gida-gida ka gaishe mini da kowa. Kada ka tsallake ƙofa ko ɗaya.

Ƙaninka,
Uwaisu