Alewa a Ƙarƙashin Gado

Daren Laraba

Na kasa barci. Tun da sojoji suka yi bore nake koya wa ƙanwata Ummi abin da za ta yi idan an fara harbi, domin ita sai ta ruga ƙofa ta leƙa. Inna ta dake ta, a banza. Ni kuwa na lallaba ta da alewar shagon Baba. Idan na buga murfin tukunya ta kwanta a ƙasa, sai in ba ta guda. Da ta iya wannan na ƙara mata rarrafe zuwa ƙarƙashin gado, sannan yin shiru har in kira sunanta.

Yau da la'asar aka yi harbi na gaske daga wajen unguwar Yakite. Ummi ba ta yi kuskure ko ɗaya ba. Ɗan maƙwabtanmu da ya leƙa titi, gawarsa aka dawo da ita a amalanke.

Ana ta kuka a gidansu, Ummi tana tsotsar alewa ta ja zanena.

"Yaya, gobe ma za su yi harbi? Ki ce musu su yi."

Inna ta juya fuskarta bango.